Lita Arba'in da Biyar, In Ji Littafi

Na manta abubuwa da yawa a rayuwata, har da waɗanda bai kamata in manta ba, amma wata Asabar a gidan man da ke bakin hanyar fita Birniwa ba na jin zan taɓa mantawa da ita. Ko ni na manta, masu adaidaita sahun Haɗeja ba za su bari ba.

Bari in fara tona wa kaina asiri kafin wani ya riga ni. Ni malamin lissafi ne a wata makarantar sakandare, kuma ina da ciwon nan da yawancinmu muke fama da shi: in ban gyara wa wani kuskure ba a yini, tuwon dare ba ya yi mini daɗi. Shekara biyu kafin wannan rana na sayi wata 'yar ƙaramar mota ta hannu, ruwan toka, a wurin wani dillali da ya rantse mini cewa wata hajiya ce take hawanta, ita ma sai in za ta asibiti. (Daga baya na gane cewa duk motar da ke hannun dillali wata hajiya ce take hawanta.) A aljihun gaban motar na tsinci littafinta, ya yi laushi don tsufa, na karance shi tas kamar wanda zai shiga jarrabawa. A ciki aka rubuta cewa tankinta lita arba'in da biyar yake ci. Wannan lamba ta zauna mini a kai daram.

Tun daga nan na zama shehin mai a majalisarmu ta bayan la'asar. Da an kawo zancen mota sai in gyara zama in yi gyaran murya. "Mai mota na gaskiya," nakan ce, "ba ya barin allurar mai ta sauka ƙasa da rabi. Dattin da ke kwance a gindin tanki shi yake kashe mota. Ni dai ƙa'idata ɗaya ce, in na shiga gidan mai, a cika ta." Na maimaita wannan wa'azi har suka laƙaba mini suna Malam Cika-ta, ni kuwa ina amsawa da fara'a kamar sarauta aka ba ni.

Gaskiyar magana ita ce tun ranar da motar nan ta shigo hannuna ban taɓa cika ta ba. Ko sau ɗaya. Albashin malami da farashin mai ba sa ga-maciji. Abin da nake yi shi ne in zagaya can bayan gari wurin 'yan bumburutu, inda ba wanda ya san ni, in sha galan ɗaya, ran da aka yi albashi galan biyu. Allurar takan ɗan ɗaga kai kamar mara lafiyar da aka zo dubawa, ta koma ta kwanta. Na sha mamakin yadda galan guda ba ya motsa ta, amma sai na yanke hukunci cewa allurar ce ta lalace, kuma wannan hukunci ya yi mini amfani, domin duk wanda na ɗauka ya kalli wurin, sai in ce masa, "Rabu da ita, ta mutu tun da daɗewa." Haka kuma ban taɓa tambayar kaina me ya sa tayar safaya ba ta da raminta a but ɗin bayan motar, tana zaune a sarari tana cin wurin kaya ba.

Surukina Alhaji, mahaifin matata, manomin shinkafa ne a fadama. Yana da injinan ban-ruwa da yawa, don haka ya san fetur kamar yadda ya san irin shuka. Alhaji mutum ne mai ƙarancin magana, irin wanda shirunsa ya fi faɗan wani ciwo. Tsakanina da shi kunya ce ta surukai, gaisuwa a durƙushe, ido a ƙasa. Ran nan motarsa tana gona tana kwasar buhuna, ga shi an yi rasuwa a Birniwa, sai ya aiko cewa in zo in kai shi ta'aziyya. Na wanke motar nan sau biyu, na fesa mata turare, na sa babbar rigata ta Juma'a.

Ba mu yi nisa ba ya leƙa ya kalli allurar.

Na ce, "Ta mutu ne, Baba."

Da muka zo daidai gidan man sai ya nuna da hannu ya ce, "Shiga nan." Mai zuba man wani dattijo ne, Malam Bukar, gemunsa duk furfura, ashe a wurinsa Alhaji yake sayen man injinansa a jarkoki shekara da shekaru. Suka gaisa, Alhaji ya ce, "Bukar, cika masa ita, ni zan biya." Ya ɗauki buta ya nufi ɗan masallacin da ke bayan ofis, don an kira azahar.

Ni kuwa daɗi kamar ya kashe ni. Na fito na jingina da mota, na harɗe hannuwa, ina fatan wani ɗan majalisarmu ya wuce ya ga Malam Cika-ta a bakin aiki. (Allah ya amsa wannan addu'a, kuma tun daga ranar nake lura da irin abin da nake roƙo.)

Mita tana gudu ina kallo. Talatin. Arba'in. Na ce a raina yanzu za ta tsaya. Arba'in da biyar, ba ta tsaya ba. Hamsin. Na durƙusa na leƙa ƙarƙashin mota, ƙasa a bushe ƙamas, ko ɗigo babu. Da na ɗago tana hamsin da takwas.

Na daka tsawa, "Tsaya! Tsaya nan!"

Malam Bukar ya saki hannu, ya ce, "Lafiya, Malam?"

"Lafiyar ke nan? Motar da take cin lita arba'in da biyar ka zuba mata hamsin da takwas? A aljihunta take sa sauran?"

Na buɗe mota na zaro littafin, na ɗaga shi sama kamar lauya. Kafin ka ce kwabo masu adaidaita sahu da masu babura da ke layi sun kewaye mu. Dama kowa yana da tsohon ciwo game da gidajen mai, sai ga wanda ya zo da hujja a rubuce. Wannan ya ce, "Dama mun faɗa, litar nan ba ta cika!" Wancan ya ce, "Allah ya kawo mai ilimi!" Jin haka sai kaina ya ƙara kumbura, na shiga yi musu darasi, ina zana lissafin da yatsa a kan gilashin mota.

Malam Bukar ya matso kusa da ni, ya sassauta murya. "Malam, ka ji tsoron Allah. Ni ban san abin da ke cikin motarka ba, amma tun ina da baƙin gemu nake riƙe da famfon nan, ban taɓa cin sisin wani ba."

Na ce, da ƙarfi don kowa ya ji, "Lissafi ba ya ƙarya, Baba. Mutum ne yake ƙarya, ko da furfura ko babu."

Har yau in na tuna wannan magana sai in yi istigfari. Kuma tunda tonon asiri nake yi, bari in ƙarasa. Ba satar ce ta dame ni ba. So nake Alhaji ya fito daga masallaci ya tarar da surukinsa yana kare masa dukiya, ya je gida ya ce lallai 'yarsa ta yi dacen miji.

Manajan gidan ya fito, wani matashi ne, gumi ya jiƙa masa riga saboda ganin taron. Ya dubi mita, ya dubi littafina, ya dubi mutanen da suka fara buga kan famfo da hannu. Sai ya juya ya ce, "Bukar, in maganar nan ta tabbata, ka cire rigar aikin nan yau ɗin nan, ba sai gobe ba." Dattijon ya kama bakin rigarsa ya riƙe.

Aka kawo gwangwanin awo na lita goma. Aka zuba, ya cika cif a kan layi. Aka sake, haka. Aka yi na uku, haka. Mai hankali a nan zai ja bakinsa ya yi shiru. Ni kuwa borin kunya ya hau ni, na ce ai an san dabarar, akwai abin da suke dannawa in sun ga gwangwani. Wasu suka ce ƙwarai kuwa. Manaja ya miƙa wa Malam Bukar hannu ya ce ya ba shi jakar ciniki tukuna.

Ana cikin haka sai ga wani mai walda da rumfarsa ke jikin katangar gidan man, Audu ake ce masa, ya taho yana goge hannu da tsumma. Bai kula kowa ba. Ya zagaya motar sau ɗaya, ya buɗe but, ya ɗaga tayar safaya, ya ƙwanƙwasa wurin da ɗan yatsa. Sai ya kwanta ya leƙa ƙasa, ya taso yana dariya har da riƙe ciki.

"Allahu akbar! Ashe 'yar nan tana raye! Jama'a, wannan ai aikina ne."

Manaja ya ce, "Wane aiki?"

"Lokacin da mai yake arha a nan yana tsada a ƙetaren iyaka, motar nan ba ta san hutu ba. Mai ita ya kawo mini, na yanke ramin safaya na haɗe shi da tanki. Ga ɗinkina nan, ko a mafarki na gan shi zan gane. Lita casa'in take ci, in ta ji yunwa sosai."

(Wato wannan ita ce hajiyar da ba ta fita sai asibiti.)

Audu ya dube ni, ba da mugunta ba, don Allah yake tambaya. "Malam, kwanan nan ka saye ta ke nan?"

Na ce, can ƙasa-ƙasa, "Shekara biyu."

"Shekara biyu? To ai da ka taɓa cika ta ko sau ɗaya da ka sani."

Daga bayan taron wata murya da na sani sarai, ta wani mai adaidaita ɗan majalisarmu, ta ce, "A'a, Malam Cika-ta ne fa!" Dariyar da ta ɓarke a wurin na tabbata an ji ta a bakin kogi. Na waiga ina neman inda zan sa fuskata, sai na hango Alhaji. Yana tsaye a bayana da carbi a hannu, kuma daga yadda ya tsaya na san ya daɗe a wurin. Na so ƙasa ta tsage in shige, amma siminti ne, kuma mai kauri.

Alhaji ya ce, "Bukar, ƙarasa aikinka."

Aka mayar wa Malam Bukar jakar ciniki, aka mayar da bakin famfo cikin tanki. Masu adaidaita suka ɗora a kan hamsin da takwas ɗin farko, suna ƙirgawa da ƙarfi baki ɗaya kamar 'yan aji ɗaya, ni malamin lissafi ina tsaye ana koya mini. "Sittin! Saba'in! Tamanin!" Sai a tamanin da uku ta yi gyatsa ta tsaya. Har tafi aka yi mata.

Alhaji ya biya bai ce a rage ko sisi ba. Ya shafa bayan motar ya ce, "Baiwar Allah, ashe azumi take yi shekara biyu. Yau dai ta sha ruwa." Sannan ya dube ni, karo na farko tun da na auri 'yarsa da ya dube ni ido cikin ido, ya ce, "Ka ba dattijon nan haƙuri. A nan inda ka zage shi, ba a gefe ba."

Na tattare babbar rigata na durƙusa a gaban Malam Bukar, a gaban manaja da mai walda da duk wanda na tara da bakina. Na ce ya yafe mini don Allah. Idanunsa sun yi ja. Ya ce, "Na yafe, Malam, duniya da lahira. Amma ka sani, da Audu ya tafi cin abinci, da yanzu ina hanyar gida ina tunanin abin da zan gaya wa iyalina." Wannan magana ta fi duk dariyar da aka yi mini zafi, kuma har yau ba ta sake ni ba.

Muka je Birniwa muka dawo. A wurin ta'aziyyar kuwa na fi masu rashin alamar rashi, har wani ya riƙe hannuna yana ba ni haƙuri.

Littafin yana nan a aljihun mota, ban yar da shi ba, domin shi bai yi ƙarya ba, motar da ya sani yake faɗa. Ni ne na rantse da girman cikin abin da ban taɓa ƙosar da shi ba. Baki shi ke yanka wuya, amma nawa bakin wuyan wani ya kusa yankawa, kuma wannan ne darasin da ban samu a jami'a ba. A majalisa an sauya mini suna, yanzu Malam Galan-ɗaya nake, in an kawo zancen mota sai in duƙufa a kan shayina. Na daina zagayawa bayan gari. A wurin Malam Bukar nake shan mai, kuma duk ranar da na tsaya, sai ya gaishe ni da mutunci, ya ɗaga murya yadda na ƙarshen layi zai ji, ya ce, "Malam, a cika ta ne, ko na kullum?"

Ni ma sai in ɗaga tawa muryar in ce, "Na kullum, Baba."