Ranar da Na Kai Lauyanmu Gaisuwa

Ko da me zan manta a duniya, ba zan taɓa mantawa da ranar da na kai lauya garinmu Kwandiko ba. Lokacin ana ta shimfiɗa tituna da kuɗin mai, wani ɗan kwangila ya sa katafila a gonar Babanmu ya kwashe marmara, ya bar mana rami kamar kududdufi. Da yake ni ne malamin firamare, wato ɗan bokon gida, ni na dage a kai ƙara kotu a Birnin Kudu, a kuma ɗauko lauya daga Kano.

Zaman farko motar lauyan ta lalace a hanya, bai iso ba. Alƙali ya ɗaga shari'ar, amma ya ja wa Baba kunne cewa in aka sake, zai kori ƙarar. A gari kuwa aka samu abin yi da ni. Duk majalisar da na wuce sai wani ya tambaye ni ko lauyan nawa aljani ne, tunda ba a ganinsa. Abin ya ci mini rai ƙwarai.

Don haka a zama na biyu na ari motar kawuna da direbansa, na tafi Kano da kaina. Baba kuma tun jajibiri ya kwana a Birnin Kudu, don kada a kira shi ba ya nan. Muna idar da asuba muka ɗauko hanya, kafin mu bar gari lauya ya yi barci. Da muka iso Birnin Kudu na ga ko ƙofar kotun ba a buɗe ba, sai na raɗa wa direba ya miƙe hanyar Gwaram, ya kai mu garinmu. (A lissafina, za a gan shi, ya kurɓi koko, mu juyo. Lissafi kuwa nake koyarwa.)

Abin da ban sa a lissafin ba shi ne, a garinmu baƙo ba ya gaida gida ɗaya ya tsallake na kusa. Bawan Allah ya farka ya ga rumbuna, ya tambaye ni ina kotun, na ce tana nan gaba kaɗan. Inna ta fito da waina. Dagaci ya aiko a kawo masa baƙo. Daga can aka ce ai liman zai ji haushi, liman kuwa ya ɗaga hannu ya shiga yi wa shari'armu addu'a, tun daga kan kakanni. Lauya yana shafawa yana satar kallon agogo, ni kuwa ina ta washe baki, har da roƙonsa ya sa baƙar rigar nan da farar hular gashi don mutane su gani.

Rana ta take muka isa kotu, da zabi biyu na tsaraba suna kuka a bayan mota. Lauyan ɗan kwangila muka tarar yana fitowa, ya daki kafaɗar namu yana dariya. An kira ƙara, an nemi lauyan mai ƙara an rasa, an kore ta. Baba shi kaɗai ya miƙe a gaban alƙali.

Yana zaune a kan benci a baranda, sandarsa a tsakanin ƙafafunsa. Na durƙusa na faɗa masa inda muka biya. Bai yi faɗa ba. Ya dubi lauyan, ya dube ni, ya ce, "To, madalla. Ya dai ƙoshi ko?"

Kafin a gama neman dawo da ƙarar, ɗan kwangila ya gama titinsa ya kwashe kayansa, ba mu sake jin ɗuriyarsa ba. Ramin yana nan, har yau mutanen gari Tafkin Lauya suke ce masa. Ni dai tun daga ranar, in na ɗauko ma'aikaci, sai ya gama aikin da ya kawo shi sannan nake tambayarsa ko ya karya.