Mai Ɗaukar Namun Daji

Wani ne zaman banza ya ishe shi, matarsa ma ya ishe ta. Sai ta roƙi yayanta ya taimaka ya ja shi aiki. Shi yayan nata hotunan namun daji yake ɗauka, ana nuna wa jama'a don a daina kashe su.

Ranar farko yayan ya rataya masa kyamara a wuya, ya ce, "Akwai wani tsohon kunkuru a bakin rafi, irinsa sun kusa ƙarewa. Je ka ɗauko mini shi. A hankali fa, kada ka firgita shi."

"An gama, Yaya."

Can da rana sai ga mutuminka yana nishi, gumi sharkaf, da buhu a kai. Ya sauke a tsakiyar ofis. Kunkuru ya leƙo, ya dubi kowa, ya koma ciki.

"Mene ne wannan?"

"Shi ne, Yaya. Ko kaɗan bai firgita ba. Ni ne ma na firgita, da ya yi mini fitsari a wuya."

Yayan ya dafe kai. "Hotonsa na ce! Hoto! Kyamarar da na ba ka ta mece ce?"

"Au! Ni na zaci ta ado ce, don a san ma'aikaci ne."

Aka mayar da kunkuru gidansa. Yayan ya zaunar da mutuminka, ya nuna masa inda ake leƙawa da inda ake dannawa. Ya ce, "Gobe birai za ka ɗauka. Da ido da yatsa kawai. Ka ji ko?"

"Na ji, Yaya."

Abin mamaki, washegari ya dawo da hotuna masu kyan gaske. Ga uwa tana goye da ɗanta, ga babbansu yana hamma. Yayan ya yi ta jinjina kai.

"Kai, ashe kana da ido! Jibi manyan baƙi za su zo gani. Maza je ka wanke su, su fito tas."

"Dukkansu?"

"Dukkansu mana. Musamman babban nan."

Mutuminka ya fita.

Shiru-shiru har yamma. Yayan ya fara leƙen hanya, ƙanwarsa sai kiran waya take yi. Can sai ga shi yana ɗingishi. Riga ta zama tsumma, fuska duk yakushi, kunne ɗaya ya kumbura. Hannunsa riƙe da bokiti da guntun sabulu.

Yayan ya miƙe tsaye. "Innalillahi! Kada dai ka ce mini biran ka je ka wanke?"

"Yaya, wankin ma da sauƙi. Shanyar ce ta gagara."