Tanimu Mai Jin Koriyanci

Wani mutum ne a Sabon Garin Zariya, Tanimu, bakinsa ya fi injin niƙa aiki. Wai duk duniya babu yaren da ba ya ji. Indiyanci ma a can ƙasarsu ya koyo shi, in ji shi, alhali ko Kaduna sai an raka shi tasha. Ni dai wallahi haushi yake ba ni.

Sai aka ji Alhaji Sallau mai situdiyon fassarar finafinai yana neman sabon mai fassara. Tanimu ya shaida wa majalisa kaf cewa aiki nasa ne, ya goge takalmi ya tafi.

Ya tarar Zulai, 'yar Alhajin, tana nuna wa babanta wani ɗan gajeren fim a kwamfuta. Ba mutum, ba dabba. Zane ne kawai yake motsi: jan ɗigo ya kumbura ya fashe fus, shuɗin layi ya yi ta murɗewa, ga wani sauti ƙiiii, ɗis, ɗis.

Ko zama Tanimu bai yi ba ya ce, "Alhaji, ai na san wannan. Na Koriya ne."

Zulai ta buɗe baki, Alhaji ya ɗaga mata hannu. "To bismilla, fassara mana."

Gogan ya gyara murya, ya kara kunne. Ƙiiii. "Jan nan saurayi ne. Ya ce, masoyiyata, in kika bar ni guba zan sha." Ɗis, ɗis. "Shuɗiyar ta ce, sha mana, wa ya riƙe ka?"

"Ka tabbata Koriyanci ne?" in ji Alhaji.

"Na kudu ma. Na arewa ya fi wannan kauri."

Haka ya yi ta zuba, har da dafe ƙirji, sai da fim ya ƙare.

Zulai ta ce, "Malam, ni na zana shi, wata uku ina fama. Babu magana ko ɗaya a ciki. Launi ne da motsi kawai."

Tanimu ya nuna kwamfutar. "To, muryar nan fa?"

"Ƙofar banɗakinmu ce da famfon da yake ɗiga. Da waya na ɗauka."

Alhaji ya share ƙwallar dariya da bakin riga. "Shekara goma ƙofar nan tana mana kuka, ashe soyayya take yi. Aiki kam babu, Tanimu. Amma kafin ka tafi, ga ta can ta hagu, tambayar mana ita da Koriyancin, ko mai take so a sa mata."