Mista Thwaite Yana Jiran A Kore Shi

Duk faɗin yankin Yorkshire na Ingila babu marubuci kamar Mista Horace Thwaite, Zakin Tawada. Shi ya faɗa, wa ya fi shi sani? Littattafansa bakwai, kowanne ya isa tokare ƙofa. Buri ɗaya ya rage masa: a kore shi daga gari. Wai babban marubuci sai garinsu ya tsane shi kafin duniya ta san da zamansa.

Sai ya zuba mutanen ƙauyenmu kaf a sabon littafi, ya sauya sunaye, ya yi mana tas. Wanda ya fi shan kashi limamin cocinmu ne, Rabaran Birtle, da ya mayar wani tsohon sakarai mai baki kamar reza, kai kamar buta.

Ranar fitar littafin ya ɗaure akwati, ya toshe tagogi da katako saboda jifa. Mako guda, ko tsakuwa. Mai kawo madara ma da fito yake zuwa.

Ya fita tsokana. A shagon nama ya dafe ƙirji gaban mai shagon: "Misis Ackroyd, ga wuyana, sare! Gaskiya ce ta riƙe mini alƙalami."

"Hanta ko ƙoda, Mista Thwaite? Mutane na layi."

Da shirun ya ishe shi, ya raba littafin gida-gida, ya kira taro a zauren coci, ya ce akwai shayi da kek. Kek ya cika zaure da jama'a. Gogan ya zo cikin tsohon kwat, kada ruɓaɓɓen ƙwai ya ɓata sabon.

"Jama'a, na san kun ga kanku a madubina! Ku kore ni, tarihi zai rama mini!"

"Ni ban ga kowa ba," in ji Misis Ackroyd, baki cike da kek, "sai sakaran nan. Shi kam tun shafin farko na gane shi."

Zaure ya amsa. Zaki ya kumbura, ya saci kallon limami.

Rabaran Birtle ya miƙe da ƙwalla, ya kama hannunsa. "Ɗana, shekarata talatin ina wa'azin tawali'u, ban taɓa ganin irin naka ba. Mutum ya zana kansa haka, bai ɓoye komai ba!"

Tafi ya ɓarke. Gwano dai ba ya jin warin jikinsa.

Ba a kore shi ba. Roƙonsa aka yi ya rubuta kashi na biyu, don ya manta bai sa rowarsa a na farko ba.