Gaton Sallah da Gyaɗar Aljeriya

Ko zan manta komai, ba zan taɓa mantawa da sallata ta farko a gidan miji a Kara-Kara ba. Yayana direba ne ya kawo mini tsarabar wata irin gyaɗa daga Aljeriya, ɓawonta kamar dutse, cikinta kamar ƙwaƙwalwa. Shi ke nan na shiga mafarki ido biyu. Ina wanke-wanke ina hango gatona, wato biskit ɗin sallah, jere a faranti, ƙannen mijina masu tsiya sun yi tsit, surukata Hajiya tana lumshe ido tana cewa, "Lallai mun yi dacen amarya."

Jajibirin sallah na kwaɓa fulawa, na zabga man shanu ba awo (ni a dole gwana), na zuba gyaɗar a kai, na kai gidan burodi, inda matan unguwa ke kai nasu a gasa musu. Kowace tana yi wa farantinta shaida da alli. Ni kuwa hankalina na can wajen yabon Hajiya, ban yi ba.

Da na koma ɗauka, sai na hango wani faranti, gato jajir, ƙamshi har bakin titi. Ko tambaya ban yi ba. Ai shi ne sak wanda nake gani a mafarki! Na sungumo abina.

Ranar sallah dangin miji suka cika tsakar gida. Na ajiye farantin, na sunkuyar da kai irin na amare. Binta ƙanwar mijina ta tauna, ta ce, "Amarya, ni fa kwakwa nake ji."

Na ce, "Haka gyaɗar Aljeriya take in ta sha wuta." (Allah Ya yafe mini, har ƙarin bayani na yi.)

Hajiya ta fara lumshe idon ke nan, maƙwabciyarmu Maman Rabi ta yi sallama da faranti a ka.

"Amarya, barka da sallah. Ga naki, ba ni nawa, baƙi na jirana."

Ta sauke. Wayyo ni! Gatona ya narke ya haɗe wuri guda kamar ƙanzo, gyaɗar ta ƙone ƙurmus. Nata kuwa sai ɓarɓashi muka bari.

Binta har da faɗuwa don dariya. Hajiya ta ɓantari nawa, ta tauna da ƙyar, ta ce, "Sannu 'yata. Wannan kam naki ne, ba mai yi miki gardama."

Kunya kamar in nutse. Tun ranar, in abu ya fito da kyau ƙwarai, sai na fara tambaya ko na wa ne.