Ƙwallon da ta cinye takardun Baba

Mutumin da ke karanta ajamin da gara ta ci rabinsa, sauke tsohon wasan ƙwallo na kwamfuta daga intanet ne zai gagare shi? Haka na faɗa wa Fuseini, mai gyaran kwamfuta a unguwar Kaladan.

Ya ce, "Malam, wannan na sata ne, kuma a dunƙule yake. Ba ka san abin da ke ciki ba."

Na ce, "Da bisimilla zan buɗe."

Na buɗe. Ƙwallo ba ta fito ba, hotunan rubuce-rubucen marigayi Baba da na shekara ina ɗauka kuwa suka ɓace kaf daga kwamfutata. Dole na koma unguwar Vittin roƙon yayana ya sake ara mini takardun.

Ya ara. Amma har yau gaisuwarsa ɗaya ce: "Kyaftin, nawa da nawa aka tashi?"