Gidana na Wajen Banki

Ranar da banki ya amince mini da bashin gina gida, ko kabu-kabu ban hau ba. Da ƙafa na ratsa kasuwar Tasawa, don jama'a su ga tafiyar mai wayo. An ba ni zaɓi: shekaru kaɗan da biya mai nauyi, ko shekara ashirin ana cirar ɗan kaɗan a albashi. Na ɗauki ashirin, har ina tausaya wa bankin.

Da la'asar a fada, ana zuba shayi, na shiga koya wa abokai dabara. Taubashina Idi ya ce, "To gwani, duka-duka nawa za ka biya?"

"Miƙo wayarka ka ga aiki."

Na buga kuɗin wata sau yawan watanni, na karanto da ƙarfi kafin hankalina ya iso. Kuɗin gida biyu ne. Na ce wayar ce ta lalace. Nan take kowa ya miƙo tasa.

Gida ɗaya na gina. Amma duk damina sai Idi ya tare ni da fuskar jaje: "Wancan gidan naka na wajen banki, ba ya yoyo dai ko?"